Yadda Ake Shirya Fim ɗin Soyayya da Barkwanci da 'Yar Tsana Mai Magana

Duk wanda ya taɓa raka aboki zance ya san irin saurayin nan. Tun daga gida yake tsara abin da zai faɗa, a kan babur yana ta bita, amma da yarinya ta fito ta shimfiɗa tabarma sai bakinsa ya mutu. Ya gaishe ta, ya tambayi mutanen gida, ya sake tambayar mutanen gida, sannan ya sunkuya yana zane a ƙasa da tsinke. Ɗan rakiya ne zai yi ta zuba har a tashi. Na ga haka da idona a wata ƙofar gida a nan Garwa ta Kamaru, kuma daren ranar tunani ɗaya ya hana ni barci. Da a ce ɗan rakiyar nan 'yar tsana ce a hannun saurayin, kuma duk kalaman da ke sa yarinyar dariya daga maƙogwaronsa suke fitowa, to wa take so a cikinsu?

Wannan tambaya ita ta kai mu ga shirya ɗan gajeren fim, ni da abokan aikina, da kuɗin aljihunmu, ba kamfani ba ubangida. Abin da zan shimfiɗa a nan hanyar da muka bi ce, haɗe da gyaran da zan yi in Allah ya nufa zan sake.

Mece ce maganar ciki

Da Faransanci ana ce wa mai wannan sana'a ventriloque, kalmar da ta fito daga Latin, ma'anarta mai magana daga ciki. Mutanen da sun ɗauka daga tumbi muryar ke fitowa. A gaskiya da maƙogwaro da harshe ake yinta kamar kowace magana, leɓe ne kawai ake hana wa motsi. Ragowar aikin idon mai kallo ne ke ƙarasa shi: in kunne ya ji murya, ido kuma ya ga wani baki yana motsi daidai da ita, sai ƙwaƙwalwa ta ba bakin nan muryar. Haka muke yi kullum a gaban talabijin, sauti daga sifika yake fita amma muna jinsa kamar daga bakin mai karanta labarai. Ni maganar ciki nake kiranta, kuma haka zan ci gaba da kiranta a nan.

Wasan 'yan tsana ba baƙonmu ba ne. A ƙasar Hausa akwai dabo-dabo, inda mai wasa ke ɓuya ƙarƙashin rufi yana ɗago 'yan tsanarsa sama yana sauya murya. Bambancin kawai shi ne mai maganar ciki ba ya ɓuya. Yana zaune fili, fuskarsa kusa da ta 'yar tsanar, kowa na kallonsa. Nan ne wahalar take, nan ne kuma daɗin fim ɗin yake.

Fara da labari

Kada ka je kasuwa sayen soso kafin ka san wanda za ka ƙera. Edgar Bergen na Amurka ya shafe kusan shekara 20, daga 1937 zuwa 1956, yana wasa da 'yar tsanarsa Charlie McCarthy a gidan rediyo, inda ba mai ganin ko leɓensa na motsi ko ba ya yi. Mutane sun manne wa shirin ne saboda halin Charlie da kaifin bakinsa. Hali ne ke riƙe mai kallo, gwanintar leɓe daga baya take zuwa.

To wane hali? A wurinmu amsar tana cikin gida. Muna da mutum ɗaya da al'ada ta ba lasisin faɗa wa budurwa abin da saurayi ba zai iya ba, a gaban kowa, kuma a yi dariya: kaka. Tsoho yakan kira jikarsa matarsa, ya tambaye ta yaushe za ta tare, ita kuma ta ce ya tsufa ba ta so. Saboda haka muka mai da 'yar tsanarmu tsoho mai farin gemu, muka sa masa suna Kaka. Jaruminmu Sale, yaron tela ne a kasuwa, da ƙyallayen shago ya ɗinka Kaka. Jarumar malamar firamare ce, ya fara ganinta ranar da ya kai wa makarantar ɗinkin riguna, yara suka hango kan tsohon ya leƙo daga jaka suka yanyame shi. Kana iya ɗaukar wani wasan barkwancin, na taubasai ko na Fulani da Barebari, wanda a garuruwanmu kowa ya san shi. Abin da ake bukata dai 'yar tsanar ta zo da izinin da jarumin ba shi da shi.

Ga ɗanɗanon yadda zancensu yake:

"Ke jikata, yaushe za ki tare? Na gyara ɗaki tun jiya."

"Kai Kaka, ai ka tsufa. Ina ma haƙoran cin goron?"

"Haƙora na can gun ajiya. Ga yaron nan, shi ke tauna, ni ina haɗiya."

Sale kuwa kansa a ƙasa, kamar ba daga gare shi maganar ta fito ba.

Daga nan labari ya hau hanya. Ta fara ɗokin zuwansu, amma Kaka take tambaya. Sale ya fara kishin abin da shi ya ɗinka da hannunsa. Kawunta ya ji raɗe-raɗin cewa yaron nan da aljani yake yawo a jaka, ya hana shi taka ƙofar gidan. Wani mai shago mai zaƙin baki ya shigo neman aure. Ka lura kada Kaka ya zama mai faɗin gaskiya kawai. Ka bar shi ya yi ɓaranɓarama, ya faɗa wa Kawu abin da Sale ke ɓoyewa a ransa, ya jawo masa abin kunya. A nan barkwanci ke samun nauyi.

An yi fim mai kama da wannan a Amurka a 2002, sunansa Dummy, na Greg Pritikin, kuma jaruminsa Adrien Brody da kansa ya koyi maganar cikin. Darasin da za ka ɗauka daga gare shi ke nan, ka bar musu labarinsu. Tasu kunyar daban, tamu daban. Mu muna da zaure, da ɗan rakiya, da ƙanwar da ake aikowa ta ce Inna na kira.

Rubuta shafi 20 zuwa 25, kowane shafi kusan minti ɗaya ne a allo. Wurare huɗu sun isa: shagon tela, ƙofar gida, harabar makaranta, bakin Binuwai da yamma. Masu magana kada su wuce shida. Kuma ka bar harshe yadda yake a garinmu. Mai sayar da nono ta yi Fulatanci, shugaban makaranta ya sako Faransanci, Hausarmu ta fito da ƙamshinta. Ba sai mun ari bakin Kano ba kafin a saurare mu.

Horar da baki

Nan ne za ka fi daɗewa, kuma nan ne aka fi son yin ha'inci. Ba jarumin wata biyu zuwa uku kafin ranar ɗauka, minti 15 da safe, 15 da yamma, gaban madubi. Ya ɗan buɗe leɓe kamar mai shirin murmushi, haƙoran sama da na ƙasa su kusa haɗuwa ba tare da ya cije ba, numfashi ya taso daga ciki. Ya fara da wasula: a, e, i, o, u. Biyun ƙarshe suna son jan leɓe ya zagaye, sai ya koyi yinsu da bayan harshe. Sannan baƙaƙe masu sauƙi, su t, d, k, g, s, n, l, r, y, ts, ɗ, ƙ. "Sannu da aiki" ba ta bukatar leɓe ko kaɗan. Gwada yanzu ka gani.

Masu taurin kai su ne b, ɓ, m, f, sai w da ke biye da su. Hausa ta yi mana rangwame a kan f, domin h na tsaya mata ba tare da kowa ya ɗaga gira ba. Sakkwatawa da mutanen Nijar ai "lahiya lau" suke cewa, su sha "hura". Kaka ma sai ya zama tsohon da ya taso daga yamma, shi ke nan an rufe wannan ƙofa. Ita m ana musanya ta da sautin hancin nan da ke ƙarshen "nan" da "can", ko da n mai laushi. "Salanu alaikun" in aka faɗe ta da sauri, babu wanda zai tsaya. W kuma sai a fara ta da ɗan gajeren u a cikin baki. B ana yinta da d: ka danna kan harshe bayan haƙoran sama ya zama kamar shi ne leɓen, ka sake shi da ɗan ƙarfi kana niyyar b a ranka. Ɓ kuma ɗ ce ke ɗaukar mata kaya.

Sai dai a nan akwai rami da littattafan Turawa ba za su nuna maka ba, domin ramin na Hausa ne. Ƙaramar kalmar nan "ba" ita ke kore magana, kuma in ta koma "da" ta juya ma'ana gaba ɗaya. A wani gwaji da muka yi, Kawu ya tambayi Kaka halin aljihun Sale, amsar a rubuce ita ce "ba kuɗi", abin da ya fito a rikodin kuwa "da kuɗi". Haka "ba ni" ke iya komawa "da ni". Maganin abin a takarda yake. Ɗauki jan biro ka bi duk layukan Kaka, ka zagaye kowace b, ɓ da m, sannan ka nemi wata hanyar faɗin maganar. "Ba na so" ta zama "na ƙi". "Ba kuɗi" ta zama "Ina! Ko dala." "Haba" ta zama "kai". Waɗanda suka ƙi sauyuwa ka tura su tsakiyar jimla inda gudun magana zai rufe su, ka kuma kiyaye hawa da saukar murya da jan wasali, domin kunnen Bahaushe da su yake gane kalma ko da baƙi ɗaya ya gurɓace.

Wajen wannan aikin jan biro ne muka tsinci zuciyar fim ɗin. "Ina sonki" ba ta da harafin leɓe ko ɗaya, Kaka zai iya faɗinta sau ɗari yana kaɗa gemu. Sai muka sa wa jarumar suna Maimuna. Tun daga farkon fim har kusan ƙarshe Kaka bai taɓa kiran sunanta ba, daga "jikata" sai "'yar nan". Mai kallo ba zai lura ba sai ranar da ita ta lura. Ta dubi tsohon ta ce, "Kaka, wata uku kana zuwa gidan nan ba ka taɓa kiran sunana ba. Kira ni." Kaka ya buɗe baki ya rufe. Sale ya zare hannunsa, ya kwantar da tsohon kan tabarma, ya ɗago kai. Sunan nan sai leɓe ya haɗu da leɓe sau biyu kafin ya fita, kuma kyamara na kan bakinsa. Bilkisu, Habiba ko Maryam duk za su yi maka wannan aiki.

Muryar Kaka ta yi nisa da ta jarumin. In tasa siririya ce mai sanyi, ta tsohon ta zama mai kauri da sauri, ko ta bi ta hanci. Kada ya matse maƙogwaro. In ya ji kaikayi ko zafi ya tsaya, ya sha ruwan ɗumi, musamman lokacin hunturu da iska ke busar da wuya. Bayan sati uku ya bar madubi ya koma ɗaukar kansa da waya, domin mutum yakan yafe wa kansa a madubi.

Hannu ma yana da nasa karatun. Baki ya buɗe a kan kowace gaɓa, kuma babban yatsa ne ke sauke haɓa ƙasa. Sabon shiga yakan ɗaga saman kan, sai tsohon ya yi ta kallon sama kamar mai neman wata. Idan Kaka ya yi shiru kada ya mutu: ya juya ya dubi mai magana, ya gyaɗa kai, ya leƙa cikin kwanon da aka kawo. Shi kuma jarumin ya saurari Kaka kamar bai san abin da zai faɗa ba, ya ji kunya, ya yi yunƙurin toshe masa baki.

Ƙera Kaka

Kan da ya fi sauƙi na soson katifa ne. Yanka kwali mai kauri ƙwai-ƙwai, ka naɗe shi biyu ya zama cikin baki, ka lulluɓe shi da jan ƙyalle. Manna masa aljihu biyu, na yatsu huɗu a sama, na babban yatsa a ƙasa, daidai hannun jarumin, ba hannun mai ɗinki ba. A kan wannan ake gina kai da soso, a ja masa yadi mai miƙewa launin fata. Ƙaramin duma ma yana yin ƙoƙon kai mai kyau, ba shi da nauyi, sai dai yana fashewa in ya faɗi. Gemu da gira na auduga, abin da ba ma nema da nisa a Garwa. Tela ya yi masa 'yar babbar riga da aiki a wuya, da hula, baduku ya yi masa ɗan takalmi. Hannu ɗaya a saka masa siririn ƙarfen lema ta ƙasa domin nuni da ɗaga yatsa.

Ka daɗe a kan idanu. Ƙwallon tebur da aka raba biyu ko bayan farin cokalin roba sun isa, amma kada ka manna baƙin idon sai ka gwada da fil ka ɗauki hoto. In ɗigon biyu suka kalli gaba sak, tsohon zai yi kama da wanda hankalinsa ya tafi. Ka ɗan karkato su ciki, wajen hanci, har sai ka ji yana kallonka.

Yi amfani da gam ɗin masu gyaran takalmi, ka bi shi da allura da zare. Mu da gam ɗin kyandir muka fara. Rana ta uku aka bar jakar a kan babur cikin rana, da muka buɗe haɓar Kaka ta saki, muka rasa hasken yammacin ranar gaba ɗaya. Saboda haka ƙera biyu iri ɗaya tun farko, yadi ɗaya, rana ɗaya.

Kafin ka kunna kyamara

Akwai maganar da ba a tsallakewa a garin Musulmi. Wasu za su ga mutum-mutumi ne, wasu su ji tsoron tsafi. Ranar da muka fara gwaji a tsakar gida, wata tsohuwa maƙwabciya ta ji Kaka ya gaishe ta, ta ja da baya tana a'uziyya. Ban ga laifinta ba. Jarumin ya durƙusa ya ce, "Inna, duba ki gani, soso ne da kwali," ya juya mata cikin kan, ya sa mata hannu ta motsa bakin da kanta. Daga baya ita ke aiko mana da kunu. Ka je wurin malamin da ka amince da iliminsa da rubutun da 'yar tsanar, ka ce, "Allah gafarta Malam, ga abin da muke son yi." Hadisin da ke nuna Nana A'isha ta yi wasa da 'yan tsana yana cikin Buhari, amma malamai sun yi bayani a kan iyakarsa, kuma ba kai za ka yanke wa kanka hukunci ba. In ya ce a rage kamanni, a rage. Labarin ba zai karye ba.

Sai hukuma. Je ofishin Ma'aikatar Fasaha da Al'adu na yankinku ka nemi izinin ɗaukar fim a rubuce, takardar ta zauna a aljihunka kullum. Gai da jauro ko mai unguwar duk inda za ku yi aiki, da goronka. Kada kyamara ta fuskanci bariki, gada ko filin jirgi, kada kuma ka tashi jirgin ɗaukar hoto ba izini, balle in kana wajen Marwa ko Kuseri inda tsaro ya fi tsanani. Iyayen jarumar a same su a gida, a karanta musu labarin, a yarda wata 'yar uwarta ta riƙa rako ta. Yaran makaranta ma sai da yardar iyaye da shugaban makaranta. Kowa ya sa hannu a 'yar takarda mai faɗin abin da zai samu da lokacin da zai samu, ko da ɗan uwanka ne.

Kuɗi kuwa, ko adashi ne ko gudummawar masu shaguna, ga jerin da nake bi: sauti, abincin ma'aikata, man babur, wurin ajiyar hotuna, sannan kyamara. Waya mai kyau a kan ƙafa uku ta isa fim na farko.

Ranar ɗauka

Zaɓi lokaci daga Nuwamba zuwa farkon Fabrairu. Maris da Afrilu zafin Garwa na haura digiri 40, waya na kashe kanta, hannun da ke cikin soso ya jiƙe sharkaf. Da damina kuma ruwa a kan kwano ba ya barin a ji magana. Hazon hunturu yana tausasa haske, abin da fuska ke so, sai dai ka riƙa goge gilashin kyamara. Yi aiki daga fitowar rana zuwa ƙarfe 9, a huta, a dawo bayan la'asar zuwa gab da magariba. Kwana 6 zuwa 8 sun ishi shafi 25 in an yi bita sosai. Saita kyamara a hoto 25 cikin daƙiƙa, domin wutarmu mai bugu 50 ce, in ka bar ta a 30 fitilun shago za su yi ta ƙyafta ido a hoton. Cika batura da dare, kada ka dogara da cewa wuta za ta kai safe.

Babbar jarabawa ita ce ka ce jarumi ya yi shiru a sa muryar Kaka daga baya. Kada ka yarda, aƙalla a manyan fitowa. Mai kallo ya san fim na iya ƙarya, don haka tun cikin minti biyar na farko ka ba shi ɗauka guda doguwa, ba yanka, fuskar Sale da ta Kaka duk a ciki, suna musayar magana. Gani ya kori ji. Da zarar ya gaskata sau ɗaya, zai bi ka har ƙarshe, kuma daga nan kana iya matsowa kan fuskar Kaka shi kaɗai a layukan da suka fi wuya. In leɓe ya ɗan motsa kaɗan, bar shi. Sale mai koyo ne a cikin labarin, ba gwanin duniya ba.

Ɗauki Kaka kamar ɗan wasa na uku. Kyamara ta sauko daidai idonsa. A ɗauke shi yana sauraro, yana hararar Kawu, yana satar kallon kwanon ƙosai, domin waɗannan guntaye su ne za su cece ka a wajen haɗawa. Ka kiyaye gefen da kyamara take: in Maimuna na dama Sale na hagu, su zauna haka har fitowar ta ƙare.

Jarumar tana da aiki ɗaya da ya fi duk layukanta, shi ne inda take sa ido. A farkon fim idon Kaka take kallo duk lokacin da ya yi magana, kamar Sale ba ya wurin. A tsakiya, Kaka na magana, idonta ya zame zuwa fuskar Sale na daƙiƙa ɗaya ya dawo. Wajen ƙarshe tsohon na ta zuba, ita kuwa Sale kawai take kallo. Rubuta wannan a gefen takardarka fitowa bayan fitowa, tun da ba a jere za ku ɗauka ba. Da wannan kallon kaɗai za a ga soyayyar ta girma, ba tare da ko yatsa ya taɓa yatsa ba, kuma uwa da ɗiyarta za su iya zama su kalla tare.

Muryar ciki tana fita a danne, ba ta kai ta baki ƙarfi ba. Maƙala ƙaramin makirfo a ƙirjin jarumin ƙarƙashin riga, wani a jikin jarumar, mutum ɗaya ya zauna da abin ji a kunne ba ya yin komai sai sauraro. Tafa hannu sau ɗaya gaban kyamara a farkon kowace ɗauka don daidaita sauti da hoto. Bayan kowace fitowa, kafin kowa ya tashi, jarumin ya maimaita layukan Kaka a wurin da bakinsa a sake, a ajiye su don gyara kalmar da ta dushe, sannan kowa ya yi tsit na minti ɗaya a ɗauki sautin wurin. Roƙi mai injin niƙa tun jiya, ka san lokacin da 'yan babur suka fi yawa a layin, in an kira salla a ajiye komai a tafi masallaci. Kowane dare a kwafe abin da aka ɗauka wuri biyu, ɗaya ya kwana a wani gida daban.

Haɗawa da nunawa

DaVinci Resolve, manhajar haɗa fim, yana da na kyauta in kwamfutarka za ta ɗauka, in ba haka ba CapCut ma yana yi. Barkwanci a wajen yanka yake rayuwa ko ya mutu. Bayan Kaka ya saki magana, yanka zuwa fuskar wanda ta sama, ka bar ɗan numfashi don dariyar masu kallo kada ta cinye layi na gaba. Fitowar kiran suna kuwa kada ka sa mata kiɗa. Shirun, da kukan tsuntsayen yamma, sun isa. Sauran wurare nemi mai garaya ko mai kalangu na gari ya yi maka sabon kiɗa, ku rubuta yarjejeniya. Waƙar Indiya ko ta wani mawaƙi za ta iya sa a toshe maka fim a YouTube.

Kafin ka ce an gama, tara mutum goma da ba abokanka ba, har da mata da dattijo ɗaya, ka zauna a bayansu da takarda. Rubuta inda suka yi dariya da inda suka ciro waya. Tambaye su abin da Kaka ya ce a wurare uku da kake shakka. In biyu suka kasa maimaitawa, koma ga muryar da ka ajiye.

Sa fassarar Faransanci a ƙasan hoto domin 'yan uwa na kudu da na Njamena, da kuma bukukuwan fina-finai irin Écrans Noirs na Yawunde, wanda Bassek Ba Kobhio ya kafa a 1997. Yanka guntaye uku na Kaka, kowanne ƙasa da minti ɗaya, ka sake su a WhatsApp, Facebook da TikTok sati biyu kafin fim ɗin ya fita. Su za su haye Yola da Mubi kafin kai ka je.

Nunin farko a yi shi a unguwar da aka ɗauka, bayan isha, da farin zane a bango da majigi na haya, an gayyaci mai unguwa da iyayen 'yan wasa, an ware wa mata gefensu. In fim ya ƙare kada a kashe fitila a watse. Jarumin ya fito da Kaka a hannu ya gai da jama'a, ya amsa tambaya biyu ko uku da muryar tsohon, sannan ya zauna a bakin tabarma yara su zo ɗaya bayan ɗaya su sa hannu a cikin kan. Na biyun da ka ƙera shi za ka ba su, na ainihin ya koma jaka, a rataye shi inda ɓera da rana ba sa kaiwa.